Tsumburbura: Shekara, Ƙaddara da Ganga a Tarihin Kano



Abin da ya jawo wannan lacca ƙaramin abu ne. Kwanakin baya wani ɗalibina ya kawo mini wani labari da ya ƙaga, irin labaran nan na duniyar almara da matasa suke sha'awa a yanzu, ya ce in duba masa. A cikin labarin ya ƙirƙiro wani abin bauta, ya danƙa masa mulkin abubuwa uku, watau zamani da ƙaddara da sauti. Da na gama karantawa sai na tambaye shi inda ya samo wannan haɗi. Ya ce daga kansa ne, domin ya duba bai ga Hausawan dauri suna da irin wannan ba. Na ce masa ya tafi ya karanta farkon littafin Tarihin Kano, sa'an nan ya dawo mu yi magana. Abubuwan nan uku da yake zaton shi ya fara haɗa su, suna nan a haɗe a gindin Dutsen Dala, wajen abin bautar da Kanawa suke kira Tsumburbura.

Sai dai akwai wata dangantaka tsakanin aikin ɗalibin nan da Tarihin Kano wadda shi bai zata ba, kuma ita ce nake so mu duba a yau. Tsumburbura, kamar yadda ta iso mana a rubuce, hannu biyu ne suka gina ta. Hannu ɗaya na manoma ne da maƙera da mafarauta waɗanda suka zauna a kewayen Dala tun kafin a yi sarki a Kano. Ɗaya hannun kuwa na malami ne Musulmi, mai karatun Larabci, wanda ya zauna kusa da fada ɗaruruwan shekaru bayan an sare bishiyarta. Aikin mai nazari shi ne ya gano inda hannun wannan ya tsaya na wancan ya ɗauka.

Littafin da Abin da Ya Faɗa

Da Larabci aka rubuta littafin, babu sunan mawallafi a jikinsa, babu shekarar rubutu. Ya jero sarakuna 48, daga Bagauda har zuwa Sarki Muhammadu Bello wanda ya rasu a 1893. H. R. Palmer, wani jami'in mulkin mallaka da ya yi aiki a Katsina, shi ya buga fassararsa ta Turanci a 1908, ya sake bugawa a 1928. Ta Hausa kuwa, wadda yawancinmu muka fara sani, ta fito a cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu a farkon shekarun 1930, ƙarƙashin kulawar Rupert East a Zariya. A nan ya kamata in ja kunnen ɗalibai a kan abu guda. Shekarun nan da kuke haddacewa don jarrabawa, Bagauda 999, Yaji 1349, Rumfa 1463, ko ɗaya babu ita a cikin asalin littafin. Abin da ke ciki shi ne yawan shekarun da kowane sarki ya yi a kan gado. Palmer ne ya tara su ya yi ta ƙirgawa da baya har ya kai ga Bagauda. Zan yi amfani da su don babu waɗanda suka fi su, amma ku riƙe su da hannu sake.

Masana sun yi saɓani a kan lokacin rubuta littafin. M. G. Smith yana ganin an yi ta ƙara masa rubutu ne zamani bayan zamani. Murray Last a 1980, da John Hunwick a 1994, sun tafi a kan cewa mutum ɗaya ne ya harhaɗa shi a zamanin Bello, kuma sun nuna Ɗan Rimi Barka, ɗaya daga cikin manyan bayin sarki, a matsayin wanda ya fi dacewa da wannan aiki. Ni na fi karkata ga ra'ayi na biyu. Ko ma wanne mutum ya ɗauka, tsakanin zamanin da ake ba da labarinsa da ranar da aka tsoma alƙalami a tawada akwai ƙarnoni masu yawa.

To, ga abin da littafin ya faɗa a taƙaice. Barbushe jikan jikan Dala ne, ƙato, baƙi, maharbi, wanda ya gaji sanin asirin kakanninsa har ya zama shugaban mutanensa. Tsumburbura tana wajen wata bishiya mai suna Shamus, an kewaye ta da katanga, ba mai shiga sai Barbushe, wanda duk ya shiga ban da shi mutuwa zai yi. Barbushe ba ya saukowa daga kan dutse sai a ranakun Idi biyu. Idan lokacin ya ƙarato mutane sukan taho daga gabas da yamma, kudu da arewa, maza da mata, wannan da baƙin kare, wancan da baƙar kaza, wani da baƙin bunsuru, su haɗu a gindin dutse ranar jajibere da yamma. Dare na yi sai Barbushe ya fito tare da makaɗansa, ya ɗaga murya ya yi kirari, jama'a su amsa. A yi yanka, ya shiga cikin katanga shi kaɗai, su kuwa su yi ta kewaya wurin a tuɓe har gari ya waye. Sa'an nan ya fito ya gaya musu duk abin da zai auku a shekara mai zuwa, alheri ko sharri. A cikin irin wannan bayani ne ya ce musu wani mutum zai zo da runduna ya mallake su, za a sare bishiyarsu, a gina masallaci. Da suka nemi yadda za su tare wannan abu, sai ya ce ba makawa, in bai zo a zamaninsu ba zai zo a na 'ya'yansu.

Har ila yau littafin ya ambaci kurmin Jakara mai baƙin ruwa, wanda itatuwansa ba sa ko motsi sai in wata masifa ta doso ƙasar. A lokacin ne za a ji ƙara har sau uku, hayaƙi ya tashi daga tsibirin da ke tsakiyar ruwan. Sai a yi yanka. In ƙarar ta lafa, an tsira. In ta ci gaba, to, abin da ke tafe sai ya iso. Ɗalibina bai buƙaci ya ƙagi abin bauta mai sanar da ƙaddara ta hanyar sauti ba, ga shi nan a inda Kasuwar Kurmi take a yau.

Hannun Malami

Duk wanda ya karanta wannan labari da natsuwa zai yi tuntuɓe da abubuwan da ba muhallinsu ba ne. Mutanen da ba su taɓa jin kiran salla ba, me ya haɗa su da Idi biyu, balle jajibere? A cikin jerin manyan mutanen Barbushe akwai wani mai suna Ibrahim. Shi kansa Barbushen ya san masallaci tun ba a yi Musulmi ko ɗaya a ƙasar ba. Waɗansu manazarta sukan wuce waɗannan da cewa kuskuren mai kwafa ne. A ganina sun fi ƙarfin kuskure, domin suna da tsari, kuma tsarin sananne ne ga duk wanda ya zauna gaban malami ya karanci Sira.

Ku tuna yadda littattafan Sira suka siffanta Larabawan Jahiliyya. Uzza, ɗaya daga cikin manyan gumakansu, a wajen waɗansu bishiyoyi take a kwarin Nakhla, da ɗaki da mai tsaronta. Bayan buɗe Makka a shekara ta 630 aka aiki Khalid ɗan Walid ya sare bishiyoyin, wata baƙar mace mai birkitaccen gashi ta fito, ya kashe ta. Larabawan nan sukan yi ɗawafi a tuɓe, har sai da Musulunci ya hana. Kuma suna da bokaye, irin su Saɗihu da Shiƙƙu waɗanda Ibn Hisham ya kawo labarinsu, da suka faɗi zuwan Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, tun kafin a haife shi. Yanzu ku ajiye wannan kusa da labarin Dala. Ga bishiya da katanga da mai tsaro. Ga kewaya wuri a tuɓe har asuba. Ga boka yana ba da labarin addinin da zai rushe nasa. Da aka zo zamanin Sarki Tsamiya, wanda Palmer ya sa tsakanin 1307 da 1343, aka fasa katangar, sai aka tarar da wani halitta jingine da bishiyar riƙe da jan maciji, jarumin sarki ya kai masa mashi, ya gudu ya faɗa ruwa a Dankwai. Kamannin sun yi yawa a ce haɗuwa ce kawai.

Ba ina cewa mawallafin ya zauna ya shirya ƙarya ba ne. Labaran baka ya tarar a bakin maroƙa da tsofaffin fada da zuriyar masu tsafin, guntu-guntu, kowa da nasa. Da ya zo zuba su a takarda da Larabci, sai ya zuba su a cikin mazubin da ya sani. Shi a wurinsa kowace al'umma ta Musulmi tana da jahiliyyarta, kuma jahiliyya tana da kamanni sanannu. Ya ba Kano tata, cikakkiya, har da bokan da zai yi shelar ƙarewarta da bakinsa. Amfanin wannan ga fada a fili yake: idan tun farko mai wurin ya faɗa cewa baƙo zai zo ya karɓe mulki, kuma ya ce ba a iya tarewa, to, mulkin baƙon ya zama hukuncin Allah, ba wanda zai ce ƙwace ne. Wannan hujja ta yi wa gidan Bagauda aiki, ta kuma yi wa sarakunan da suka zo bayan Jihadi, waɗanda a fadarsu aka rubuta littafin.

Lokacin da nake karatu a Ingila na ga yadda mutane suke rububin wani littafi na J. R. R. Tolkien da aka buga a 1977 bayan rasuwarsa, wanda a cikinsa da waƙa aka halicci duniya. Shi Tolkien malamin tsofaffin harsuna ne, ya tsinci kayan gininsa daga tatsuniyoyin arewacin Turai, kuma kowa ya san ƙagawa ya yi. Bambancinsa da malaminmu na Kano shi ne, na Kano ya yi imani tarihi yake rubutawa, mu ma muka karɓa a haka, muka sa a manhajar makarantu ba tare da mun tambaya ba.

Abin da Alƙalami Bai Ƙaga Ba

Idan muka ɗebe Idi da jajibere da masallaci, me ya rage? Abin da ya rage shi ne zuciyar labarin: sau ɗaya ko sau biyu a shekara jama'a su taru a gindin dutse, a yi yanka, mutum ɗaya ya shiga ya fito ya faɗi yadda shekara za ta kasance. Wannan kam ba daga Sira aka ɗauko shi ba.

Da farko, zaman mutane a Dala tabbatacce ne. An haƙo matoyar tama a wurin, aka auna gawayinta, aka sami ta kai ƙarni na 7. Zama a gindin duwatsu da girmama iskokin da ke kansu kuma abu ne da ya game ƙasar Hausa: Kufena da Turunku a Zazzau, Kwatarkwashi a yammacin tsohuwar ƙasar Katsina, inda Yusufu Bala Usman ya nuna cibiyar bautar Magiro take. Na biyu, al'adar duba shekara ta rayu har idon masu bincike ya gan ta. Guy Nicolas ya bayyana bikin buɗin daji na Arnan kwarin Maraɗi, wanda ake yi da rani bayan an kammala kaka, inda masu abin suke karanta alamun shekara mai zuwa kafin a saki mafarauta su shiga daji. A Masalata kusa da Birnin Ƙonni akwai arwa, wadda manufarta ke nan, a ji ko damina za ta yi kyau, ko akwai fari ko ciwo a tafe. Joseph Greenberg kuma, da ya zauna da Maguzawan Kano a 1938 zuwa 1939, ya tarar kowane iska da irin dabbar da ake yanka masa da launinta. Saboda haka baƙin bunsurun Barbushe ba ado ne na mai ba da labari ba.

Wannan ya dawo da mu ga maganar Idi, domin a nan ne za mu kama hannun malami dumu-dumu. Shekarar wata kwana 354 ce, ta rana kuwa 365, bambancin kwana 11 ke nan. Don haka Salla takan zagaya, bana da damina, bayan 'yan shekaru da bazara, sai ta yi kusan shekara 33 kafin ta dawo inda ta tashi. To, ina amfanin a gaya wa manomi yadda damina za ta kasance alhali gero ya riga ya yi bununi? Duban shekara ba ya da ma'ana sai in an yi shi kafin shuka, watau dole ya bi lissafin rana da ruwa. Manoman Hausa suna da wannan lissafi nasu daban, shi ya sa suke cewa watan bakwai maƙarar rani, ko ba ruwa da alama. Wannan watan bakwai ba Rajab ba ne. Mawallafin ya san babban taron shekara, a zamaninsa kuwa babban taron shekara Idi ne, sai ya ba taron Dala sunan da ya sani.

Daga nan za mu fahimci inda ƙarfin Barbushe yake. Littafin ya cika mu da labarin yadda yake kashe giwa da sanda ya ɗauko ta a ka, amma ba a mulkin jama'a da wannan. Mutumin da ke faɗin ranar taro, ya faɗi lokacin buɗe daji, ya ce bana a shuka da wuri ko a jinkirta, ya ce a ɓoye hatsi don yunwa na tafe, shi ke riƙe da rumbun kowa. Ma'aikatan gona da ke cikin wannan ɗaki sun fi ni sanin abin da kuskuren mako biyu a lokacin shuka yake jawowa. Aikin nan bai mutu da Barbushe ba. Malaman hisabi suka gaje shi, suka zo da taurari 28, kowanne da kwanakinsa, har manomin da bai taɓa buɗe littafi ba yakan tambaya ko Haƙa'a ta shiga, ko an kai Ɗarfa. A yau kuma hukumar hasashen yanayi takan fito a farkon shekara ta faɗi ranar saukar damina a kowace jiha, manoma su saurara a rediyo, waɗansu su gaskata, waɗansu su yi tsaki.

Ganga

Na ajiye maganar sauti zuwa yanzu don ita ce aka fi mantawa da ita, alhali a nan littafin ya fi ba mu abin kamawa. A cikin shugabanni 11 na mutanen Dala da ya lissafa, da maƙeri da mai magani da mai tsaron gari da dare, akwai Jandodo sarkin makaɗan gunduwa da kuru, akwai kuma Asanni kakan mawaƙa, shugaban masu rawa. Biyu cikin sha ɗaya, aikinsu sauti ne. Barbushe bai taɓa saukowa shiru ba, da makaɗa yake fitowa. Wanda ya san bori ba zai yi mamaki ba, don kowane iska da takensa, kuma ba ya hawa sai mai garaya ko mai goge ya taɓa masa nasa. Abin bautar da ba a gani, ta kunne ake sanin ya iso.

Ku dubi abin da ya faru a zamanin Kanajeji, wanda aka sa tsakanin 1390 da 1410. Mahaifinsa Yaji shi ya karɓi Wangarawa, ya tsai da salla, ya gina masallaci. Shi kuwa Kanajeji ya kai yaƙi Zazzau aka koro shi. Da ya dawo ya nemi shawara, Sarkin Tsibiri ya ce masa ya koma ga abin da kakanninsa suka watsar. Sai aka saro reshen bishiyar nan, aka kashe jan macijin da aka samu a wurin, aka yi wa sarki huffi da fatarsa. Reshen kuma aka sassaƙa dundufa 4 da kuntukuru 8 da shi, aka jefa su a ruwan Dankwai, bayan kwana 40 aka tsamo su, aka naɗe su da sauran fatar macijin. Da waɗannan ganguna ya koma Zazzau ya ci nasara.

Wannan labari, a wurina, ya fi kowane sashe na littafin daraja, kuma da wuya a ce malami ne ya ƙaga shi, domin abin kunya ne ga ɗan sarkin da ya kawo Musulunci. Ku lura da abin da sarkin ya yi. Bai koma gindin bishiya ya tsaya cikin jama'a yana jiran wani ya fito ya gaya masa ƙaddararsa ba. Ya yanko bishiyar ya mai da ita ganga, ya rataya wa bayinsa, suka bi shi da ita. Muryar da a da take wuri ɗaya a hannun zuriyar Dala, yanzu tana tafiya duk inda sarki ya sa gaba, kuma ba ta magana sai ya ce a buga.

Daga nan abin ya yi ta ƙaruwa. A zamanin Dauda wani basarake mai suna Dagaci ya zo daga Barno da gangunan da ake kaɗawa a kan doki da ƙahonni da tutoci. Muhammadu Rumfa, 1463 zuwa 1499, shi aka ce ya fara kakaki, shi ya kafa Kasuwar Kurmi, kuma a zamaninsa ne baƙon malamin nan da masana suke ɗauka Al-Magili ne ya sa aka sare bishiyar aka gina hasumiya a gurbinta. Ku duba abin da aka zaɓa a gina: wurin da mutum zai hau ya ɗaga murya ya sanar da jama'a lokaci, sau biyar a yini. A Katsina ma, cikin kayan sarautar da ake gadonsu tare da takobin nan Gajere da tukunyar Korau, akwai Gwauron Tambari. Har yanzu tambari na sarki ne shi kaɗai, ana kaɗa shi ranar naɗi da daren Salla. Na sha tsayawa ina tunani, anya mawallafinmu bai ji tambura suna tashi a ƙofar fada daren jajibere ba, sa'ad da yake rubuta fitowar Barbushe da makaɗansa?

Masu Jihadi sun gane nauyin wannan al'amari sarai. A cikin Kitabul Farƙi, Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya lissafa kaɗe-kaɗen banza a cikin halayen mulkin da yake suka, amma ya bar ƙofa ga tambarin da ake bugawa don wata bukata ta shari'a, kamar tara runduna. Ba a jefar da gangar ba, an dai sake mata dalili.

Saura ƙaddara. Littafin da ya buɗe da annabcin faɗuwar mutanen Dala, da irinsa ya rufe zamanin sarakunan Hausa. Akwai wani abu da ake kira Dirki, ƙunshi ne na fatu da ake yi wa yankan shanu tun zamanin Muhammadu Zaki. Da aka nemi shanu 40 wajen Sarki Alwali ya ƙi, ya sa samari suka fasa ƙunshin da gatura, sai ga Alƙur'ani a ciki. Mutane suka ce masa yadda ya fitar da shi daga Dirki haka za a fitar da shi daga ƙasar. Aka kuwa kore shi daga birni, aka kashe shi a Burumburum a 1807. Mawallafin ya tsara labarinsa yadda kowane gida zai ji hukuncinsa kafin ya faɗi. Abin da bai sani ba shi ne, ana rufe littafinsa Basasa za ta ɓarke a Kano a 1893, kuma shekara goma bayan haka, a 1903, wani baƙon zai iso da runduna ya fasa ganuwa.

Zan ƙare da ƙasarmu, kudancin Katsina, don a can ne ragowar hujjar take. Na tashi a wani ƙauye kusa da 'Yargoje a ƙasar Ƙanƙara, garin da sunansa yake tuna wa mutum Sarauniya 'Yargoje ta labarun Zamfara, wadda ake dangantawa da shugabancin bori. Kakana lissafin wata biyu yake riƙewa a kansa, na malam don azumi da Salla, da na gona don shuka, kuma bai taɓa rikita su ba. A yankin nan, daga Malumfashi zuwa Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, gidajen Maguzawa sun daɗe suna zaune kusa da Musulmi, kuma a wani gida irin wannan kusa da Malumfashi Murray Last ya zauna a farkon shekarun 1970. Tsofaffin da suka ga bukukuwan shekara da idonsu, ko suka ji daga iyayensu, su ne kaɗai za su iya gaya mana a wane wata ake yi, wa yake faɗin shekara, da wace ganga ake kiran jama'a. Da amsoshinsu ne za a auna abin da malamin Kano ya rubuta.

Kun san halin da yankin yake ciki. A watan Disamba na 2020 aka kwashe ɗaruruwan 'yan makaranta a Ƙanƙara. A watan Yuni na 2024 'yan bindiga suka afka wa 'Yargoje suka kashe mutane da dama. Ƙauyuka sun watse, tsofaffi sun koma zaman gidajen 'ya'ya da surukai a cikin garuruwa, nesa da duwatsu da kukokin da za su nuna wa mutum su ce a nan ake yi. Ɗalibin nan nawa, da ya dawo daga karatun da na sa shi, na ba shi kwatancen tsofaffi biyu da na sani, ya tafi da hutu da na'urar ɗaukar magana. Ɗaya ya tarar ya rasu da daminar da ta wuce. Ɗayan yana gidan 'yarsa a Funtuwa, ya ce kunnensa ya yi nauyi amma kansa garau yake, kuma ya yarda su zauna bayan Salla.